Daɓen da Aka Yi wa Ɗan Japan

Kwanan baya motar da ke kai ni asibiti duba gwiwa ta ratsa ta ƙasan unguwar Bronx a nan New York, can bakin ruwa, sai na ce wa direba ya ɗan sassauta. Ina neman wani tsohon sito mai jan bulo, inda na bar ƙuruciyata da rabin jin kunnena na dama. Babu shi. Wani dogon gidan gilashi ne tsaye a wurin, ƙofarsa na buɗe kanta, wata baturiya na fitowa da kare sanye da riga. Direban ya tambaye ni ko na san wani a gidan, na ce a'a, mu je. Me zan ce masa? In ce a nan ake gina gari guda da katako, a rushe shi kafin wata ya ƙare, a sake gina wani? Jikata, wadda ke karatun harkar fim a jami'a, ta riga ta gaya min yanzu an daina wannan wahalar. Ɗan wasa zai tsaya gaban koren ƙyalle ya yi ta magana da iska, daga baya kwamfuta ta zana masa ɗaki da taga da rana. Ta faɗa min tana murna, ita a ganinta albishir take yi min.

Ba siton nake wa baƙin ciki ba, bulo ne. Akwai wani sawun ƙafa da aka taka a cikinsa, sawun matata, Allah ya ji ƙanta, kakar yarinyar nan da aka sa mata sunanta amma ba su taɓa haɗuwa ba. Tun tana ƙarama nake ce mata wata rana zan nuna mata ƙafar kakarta a cikin fim, tana dariya, tana ɗauka irin zolayar kaka da jika ce. Ni kuwa da gaske nake, kuma shi ne kawai alkawarin da ya rage a wuyana.

Na zo garin nan da ƙarfina, kaina baƙi wuluk, ban iya komai ba sai aikin katako da na koya wajen kawuna. A masallaci in an tambayi sana'ata sai in ce kafinta, in ja bakina in yi shiru, don a wancan lokacin in ka ambaci fim sai a ɗauka rawa kake yi da matan banza. Ban kuwa yi ƙarya ba. Tun da sassafe zarto ke kuka a siton nan, guduma na amsa masa, rediyon wasu 'yan Puerto Rico na ta kiɗa ba mai saurare. Warin gam da fenti ya kama rigata har matata ta ware mata ƙusa ta daban a bayan ƙofa. Garin katako kuwa, in na zo alwala na shaƙa ruwa sai in fyato shi ja. Mu ne masu zare ƙusa daga tsohon katako mu miƙe ta, mu ne masu shara, mu ne masu ɗaukar bango mu huɗu mu kai shi inda aka ce. Bangon nan ta gaba gidan attajiri ne, ta baya kuwa sanduna ne da buhun yashi. Na daɗe kafin in daina jin kunyar wannan.

Maigidanmu wani ɗan Japan ne, gajere, kansa fari fat, kullum da tawul ɗaure a goshi da fensir a bayan kunne. Aikinsa shi ne tsara duk abin da ido zai gani a fim in ka ɗebe 'yan wasa: ɗakin, ƙofar, tukunyar da ke kan murhu, har tsatsar da ke jikin ƙusa. An ce a ƙasarsu da wankin burushin fenti ya fara, ya yi ta hawa har sunansa ya tsallako teku aka kira shi nan. Turancinsa gurgu, nawa gurgu, sai muka fi fahimtar juna a kan waɗanda aka haifa da shi. Ba ya shiga ɗakin da muka gina da takalmi, ko da kuwa jiya-jiya ya ga muna buga shi. In an gama ɗaki sai ya ɗauki abincinsa ya shiga ya zauna a ciki ya ci, ya jingina da bango, wani lokaci har ya yi gyangyaɗi. Ya kan sa mu shafa mai a hannu mu yi ta buɗe ƙofa muna rufewa har sai wurin kamawar ya yi baƙi. Yana yawan cewa, "Ido ba wawa ba ne. Ɗakin da ba a zauna ba, ido na gane shi." Muna yi masa dariya a bayan ido, mu ce tsohon nan da sauransa. Yau ga shi ni ke maimaita maganarsa ga yaran da ba su tambaye ni ba.

Shekara da shekaru yana gina wa wasu mafarkinsu. Da tsufa ya fara kama shi sai ya ce shi ma zai yi nasa fim, shi ne furodusa, shi ne mai tsara wuri, labarin wata tsohuwa a ƙauyensu da 'ya'yanta suka watse birni suka bar ta. Kowa a siton ya san mahaifiyarsa yake nufi. Muka gina gidan, da jinka da ginshiƙai baƙaƙe kamar hayaƙi ya shekara yana cin su. Saura ƙasan madafa. Ya ce ba katako ba, ba siminti ba, ƙasa yake so ta gaske. Aka kawo jar ƙasa mota guda, ya haɗa ta da farar ƙasa da ruwan gishiri yadda ake yi a garinsu, aka ɗauko injin da ake danne titi da shi aka bi ta kai. Ya fito sumul. Tsohon ya tuɓe takalmi ya taka, ya yi tafiya zuwa bango ya dawo, fuskar nan a murtuke. Ya ce wannan titi ne, uwarsa ba a titi ta yi girki ba. Ya ba ƙarti katako su buga da hannu, suka yi ta dukan ƙasar kamar ta yi musu laifi, nan rami can tudu. Ranar ya zauna a kan bokiti bai ci abinci ba.

Ni ina gefe ina kallon, sai zuciyata ta tafi gida. Na tuna ranar daɓe a gidanmu, yadda tun da hantsi mata ke shigowa kowa da madaɓinta, a baza tsakuwa, a yayyafa ruwa, su jeru a sunkuye su fara bugu baki ɗaya, ɗaya na ba da waƙa saura na amsawa. Kana can bayan gari kana jin tim, tim, tim a ƙirjinka. In an gama a kwarara ruwan makuba na ɓawon ɗorawa, ƙasan ya yi jawur yana sheƙi, sanyinsa na ratsa tafin ƙafa da rana tsaka. Innarmu ta kan ce ɗakin da aka daɓe da waƙa ba ya tsagewa da wuri. Ban san lokacin da na matsa kusa da shi ba.

Na ce, "Maigida, a garinmu ma ana wannan. Amma ba maza ke yi ba."

Ya ɗago kai. "Su wa ke yi?"

"Mata. Da waƙa."

Ya daɗe yana kallona, sannan ya ce a ƙauyensu maƙwabta ke taruwa, su ma da waƙa, shi ya manta da waƙar sai yanzu da na faɗa. Ya ce, "Akwai matan a New York?"

Akwai su. Ɗaya, matata, tana gidana a unguwar Soundview, a can saman bene, ta yi hunturu biyu ba ta san kowa ba sai tagar kicin. Na ɗauko ta daga gida mai tsakar gida da kaji da ƙannai, na kawo ta na ajiye a akwati. Ba ta taɓa yi min ƙorafi ba, amma na kan dawo in tarar ta goge ɗakin har inda ba ya buƙatar guga. Na yi ta jujjuya maganar a raina, ina tunanin bakin mutane, sannan na faɗa mata muna cin tuwo. Ta tsame hannu daga kwano.

Ta ce, "Malam, ƙasa? Ƙasa ta gaske, wadda ake takawa?"

Na ce ta gaske.

Ta ce, "Rabon da tafin ƙafata ya taɓa ƙasa tun ranar da na hau jirgi."

Ban taɓa lura ba. Wallahi ban taɓa lura ba sai da ta faɗa.

Kafin mako ya zagayo ta tara mata, ita da na ɗauka ba ta san kowa ba. Akwai wata Hajiya 'yar Maraɗi mai sayar da turare, akwai 'yan Zangon Kumasi masu kitso, akwai namu 'yan Kano da Zariya. Na sassaƙa musu madaɓai da guntayen katakon sito. Ranar Lahadi da hantsi suka cika jirgin ƙasa da surutu da kulolin abinci, suka shigo siton suna kallon bangwayen ƙarya suna riƙe baki. Da suka ga jar ƙasar nan a baje sai surutun ya mutu. Matata ce ta fara cire takalmi da safa. Ta taka, ta tsaya, ta nutsa yatsunta a ciki, ta rufe ido. Ni na kau da kaina.

Makuba ce babu. Sai tsohon ya ɗauko wata jarka da ya zo da ita daga ƙasarsu, ruwan wani ɗan itace ɗanye, dangin kanya, da ake tsimawa a shafa wa katako. Da ya buɗe, wari ya bugi kowa. Hajiya 'yar Maraɗi ta toshe hanci da mayafi, ta leƙa, ta ɗiga a hannu ta murza, ta ce da ɗan Faransancinsu na Nijar, "Bon, wannan ai ƙanwar makuba ce, sai dai ba ta da tarbiyya." Daga nan suka juyo kanmu. Hajiya ta ce maza waje, daɓe ba a yin sa gaban maza, kuma da ni take, in daina wani noƙe-noƙe. Aka kore mu kaf, har masu fitila. Tsohon kaɗai ya ƙi fita, ya durƙusa a cikin layi da madaɓinsa. Suka yi shawara suka ce a bar shi, tunda ba ya jin Hausa kunnensa ba zai lalace ba.

Ina bayan ƙofar ƙarfe a zaune kan tulin katako aka fara. Tim, tim, tim. Sito mai rufin kwano ya ɗauki ƙarar ya ninka ta, har 'yan Puerto Rico suka kashe rediyonsu, abin da ban taɓa gani ba. Sai wata murya ta tashi sama da bugun, siririya mai kaifi, tana ba da waƙa ana amsa mata. Na ɗan jima kafin in gane muryar matata ce. Matar da in tana magana a gida sai na ce ta ƙara faɗa! Ta bi mazan New York ɗaya bayan ɗaya ta wanke mu tas, masu tuƙin tasi da masu tallar agogo da wani kafinta mai warin gam da ya ce zai kai ta ganin teku har yau. Sauran abin da suka rera ba zan iya maimaita shi da furfurata ba. Na leƙa ta kafar ƙofa na ga tsohon a tsakiyarsu gumi sharkaf, duk baitin da aka yi a kansa sai ya rusuna ya yi godiya, su kuwa su kwashe da shewa. Ban taɓa jin kishi da daɗi sun haɗu min wuri guda ba sai ranar.

Da la'asar aka buɗe mana. Ƙasan nan ya kwanta, ba sumul irin na inji ba, yana da ɗan gangare da tashi kamar tafin hannu, ruwan jarkar ya mai da shi ja mai duhu. Mata na wanke hannu, sai matata ta tuna ta bar ɗankwalinta a kan ginshiƙi. Ta yi taku ɗaya ta miƙa hannu ta ɗauko, ta dawo da baya. A bakin ƙofar madafar, ta hagu, sawunta ya zauna raɗau a danshin: diddige, da tafi, da yatsu, har da ɗan yatsanta na biyu da ya hau kan babban, wanda nake tsokanarta da shi tun muna amare. Ta dafe ƙirji ta ce ta ɓata aiki. Mai fenti ya ɗauko madaɓi zai buge wurin, tsohon ya riƙe masa hannu. Ya tsuguna ya daɗe yana kallon sawun, sannan ya ce, "Yanzu an zauna a gidan." Ya hana kowa taɓawa, ya kifa kwano a kai har ya bushe.

Abin da ban yi tunanin gaya wa matata ba, don ni ya zame min jiki, shi ne ƙarshen kowane ɗaki a siton nan. Da aka gama ɗaukar fim ta tambaye ni su wa za su tare a gidan. Na ce ai an rushe shi, da hannuna na sa diga a daɓen, motar shara ta kwashe. Ta dube ni kamar na ce mata na yanka akuyar maƙwabta. Ta ce, "To ku aikinku wasan ƙasa ne na yara, a gina a tattake?" Ba ta sake maganar ba sai ranar da tsohon ya gayyace mu wani ɗan ƙaramin gidan sinima a Manhattan. Ita ce shigarta sinima ta farko, ita ce ta ƙarshe. Ba mu jin yaren, ba mu damu ba. Can tsohuwar cikin fim ta shigo madafa da itace a hannu, ta sunkuya za ta hura wuta, hasken safiya ya shigo ta ƙofa ya kwanta a ƙasa, sai ga sawun nan ya cika mana ido, ya fi tabarma girma. Bai fi numfashi biyu ba aka wuce. Ta mintsine ni a cinya har sai da wurin ya yi kwana yana zafi.

Fim ɗin bai yi kasuwa ba. Mutanen garin nan ba su da haƙurin kallon tsohuwa tana hura wuta. Tsohon ya koma gina wa wasu ɗakuna, sai aikin ma ya fara ja da baya, masu kuɗin fim suka gano kwamfuta ba ta cin abinci ba ta neman hutu. Wata rana tsohon ya tara mu ya rusuna mana ɗaya-ɗaya, ya ba ni kaset ɗin bidiyo na fim ɗin da fensirin bayan kunnensa, ya koma ƙasarsu. Rasuwarsa ma a bakin wani tsohon mai fenti na ji, a tashar jirgi, bayan an daɗe da yi. Mutumin da ya gina garuruwa, ko bango ɗaya nasa bai rage a tsaye ba. Kaset ɗin kuwa mun kalle shi har ya fara ruwa-ruwa, duk baƙuwar da ta zo sai an nuna mata ƙafa. Bayan matata ta rasu na kalle shi fiye da yadda ya kamata, har ranar da na'urar ta tauna zaren ta tsinka shi. Na yi yawo da shi shago-shago, yaran da ke ciki suna jujjuya shi kamar na kawo musu ƙashin raƙumi. Hotunan matata suna nan, amma duk a tsaye take ƙiƙam ta haɗe fuska, don ba ta son hoto. Wannan ba ita ba ce. Ita tana cikin takun nan na ɗauko ɗankwali. A gida ma da na je, ƙannena sun shimfiɗa tayil a ɗakin Innarmu suna ta nuna min da alfahari, ba wanda ya ƙara jin bugun daɓe a unguwar.

Ranar Asabar da ta wuce jikata ta zo gidan ɗana a Concourse Village, inda nake zaune yanzu, tana tsalle tun daga lifta. Ita tana jin Hausa sarai, amma amsawa sai ta gauraya.

Ta ce, "Kaka, guess what! Na samo fim ɗinka. An sake fito da shi, sun yi restoring ɗinsa gaba ɗaya."

Na ce, "Amarya, yi min Hausa, kishiyarki Turanci ta ishe ni."

Ta yi dariya ta ce an gyara shi ne. Wai tsohon fim yana tara datti da zane-zane da tabo, to yanzu akwai na'urar da ke bin hoto ɗaya bayan ɗaya, duk abin da ta ga ba ya cikin tsari sai ta share, ya dawo kamar jiya aka ɗauka. Ni ko a jikina, ban kawo komai a raina ba. Na yi sallar la'asar, na sa hula, na zauna gaban talabijin kamar mai jiran baƙo.

Ga jinkar, ga ginshiƙan da na ɗauka a kafaɗata, sun fito tar har sun fi yadda na san su. Tsohuwar ta shigo da itace. Ta sunkuya. Haske ya shigo ta ƙofa ya kwanta a ƙasa, ƙasan kuwa sumul, ja mai sheƙi, kamar tayil ɗin ƙannena. Na ce ta mayar baya. Ta mayar. Na ce ta tsayar, ta tsayar, na tashi da gwiwar nan tawa na je har jikin gilashin. Idona ƙalau yake, likita ma ya shaida. Babu diddige, babu yatsu. Abin da tsohon ya riƙe hannun mutum a kansa, ya kifa masa kwano, na'ura ta dube shi ta ce datti ne. Ba wanda ya yi don mugunta, shi ne abin da ya fi ci min rai, ko wanda zan zaga babu.

Ban san tsawon tsayuwar da na yi ba. Sai na ji yarinyar a gefena, ta kama hannun rigata. Ta kalli fuskata, ta kalli talabijin, sannan ta tattaro duk Hausar da take da ita, ba ta sa Turanci ko ɗaya ba.

Ta ce, "Na gani, Kaka. Ga shi nan. Ga ƙafarta."

Ta ɗora yatsa a kan gilashin, a bakin ƙofar madafar, ta dama.

Na ce, "Ita ce, amarya. Allah ya yi miki albarka."

Ta rungume ni, ta tafi kicin ɗora min shayi. Sawun a hagu yake. Duk duniya ni kaɗai na rage da na san haka.